"Babumi": Kalmar da ta tona gajiyar ma'aikatan Japan

Mai jin Hausa zai iya ɗauka cewa "babumi" daga "babu" ta samo asali, amma ba su haɗa komai ba. Kalma ce ta Japananci da ta yaɗu a Twitter a tsakiyar shekarun 2010 tsakanin masoya anime, wato fina-finan zane na Japan. Tushenta "babu-babu", yadda Japanawa ke kwaikwayon gwalantun jariri. Ma'anarta kuwa ita ce mai kallo ya ji wata tauraruwar zane ta zame masa uwa, ko da a labarin ta fi shi ƙuruciya. Tana da abokiyar tafiya, "ogyaru", daga "ogyaa", kukan sabon haihuwa: babban mutum ya koma jariri a zuci, yana neman rarrashi.

Irin wannan tauraruwa tana da alamomi sanannu. Muryarta a tausashe take, girki ba ya yi mata wuya, ba ta faɗa, kuma takan fara magana da "ara ara", kusan yadda uwa ke cewa "ayya" idan ɗanta ya yi tuntuɓe.

Kalmar sabuwa ce, amma buƙatar tsohuwa ce. A 1971 likitan ƙwaƙwalwa Takeo Doi ya wallafa littafi kan "amae", wato shagwaɓa da jingina da wanda ka tabbata ba zai kore ka ba, inda ya nuna cewa halin yana bin Bajapane har ya girma. A fim ɗin Gundam na 1988 ma, jarumi Char Aznable ya ambaci matashiya Lalah Sune a matsayin wadda da ta zame masa uwa.

Abin da ya ƙara wa salon kasuwa shi ne yanayin aiki. Japan na da kalma ta musamman, "karoshi", ga mutuwar da yawan aiki ke jawowa. Bayan wata ma'aikaciyar kamfanin Dentsu mai shekara 24 ta kashe kanta a Disamba 2015, majalisa ta zartar da doka a 2018 wadda ta ƙayyade ƙarin lokacin aiki, bisa ƙa'ida, zuwa awa 45 a wata. A 2019 aka fara nuna "Sewayaki Kitsune no Senko-san", labarin Nakano, ma'aikacin ofis da aiki ya tatse, wanda wata aljanar yanyawa mai shekara 800 ke dafa wa abinci tana share masa gida. Ba yaƙi, ba gasa. Hutun kawai ake sayarwa.

Sai dai salon bai tsira daga suka ba. An zana Senko da siffar ƙaramar yarinya, kuma wasu ayyukan manya kan cuɗanya wannan siffa da batsa. Dokar 2014 da ta haramta mallakar hotunan lalata da yara a Japan ba ta shafi zane ba, lamarin da har yau ake muhawara a kansa. Masu suka kuma na cewa an mayar da mace mai hidima kawai, wadda ba ta gajiya, ba ta da buƙatar kanta.

Duk wanda ya san komawa gida bayan isha'i da fayil a hammata zai gane inda ƙishirwar ta fito. Doka ta rage awoyin ofis, amma har yanzu mutane da dama a Japan daga allon waya suke jiran a ce musu sannu da aiki.