MARTIN McDONAGH, ƊAN MACI RANI MAI WASAN KWAIKWAYO

A wannan wata za mu kai ku Irlanda. Tsibiri ce yamma da Ingila, ƙasar ruwan sama da shanu da tumaki. Mutanenta sun san cin rani. Daga 1845 zuwa 1852 ciwo ya kama dankalinsu, yunwa ta kashe mutum wajen miliyan 1, wasu miliyan 1 suka bar ƙasa.

Uban Martin McDonagh mutumin karkarar Galway ne. Ya tafi Landan neman kuɗi, ya kama aikin gini. Uwarsa ita ma ƴar Irlanda ce, sharar gidaje take yi. Can Landan aka haifi Martin a 1970. In an yi hutu, sai a kai shi ƙauyen ubansa, ya yi ta sauraron maganar tsofaffi. Yana da shekara 16 ya bar lakwal. A 1994 ya zauna ya rubuta wasanni 7 cikin wata 9.

Wasansa na farko, The Beauty Queen of Leenane, an nuna shi a Galway a 1996. Labarin wata mata ce, Maureen, mai shekara 40, ba ta yi aure ba saboda jinyar tsohuwarta. Wani ɗan garinsu mai leburanci a Ingila ya aiko mata takarda, yana so su tafi Amurka tare. Tsohuwa ta ji tsoron a bar ta ita kaɗai, ta kama takardar ta ƙone. Abin ya ƙare da kisan kai. Mu ma nan, in samari sun tafi Abijan ko Legas bayan kaka, wa ke zama da tsofaffi? Wa ke biyan kuɗin wannan zama?

Daga baya ya shiga silima. Ƙaramin fim ɗinsa, Six Shooter, ya ci kyautar Oscar a Amurka a 2006. A 2022 ya fito da The Banshees of Inisherin. Labarin ya faru a 1923, lokacin yaƙin basasar Irlanda. Pádraic mai shanu ne, yana da ƴar jakarsa da yake so ƙwarai. Wata rana amininsa Colm ya ce ya gaji da hirarsa. Ya rantse, duk ran da Pádraic ya sake yi masa magana, zai yanke yatsansa da almakashin askin tumaki. Ya kuwa yanke. Ya jefa yatsun a ƙofar Pádraic, jaka ta haɗiyi ɗaya, ta shaƙe ta mutu. Pádraic ya tashi ya cinna wa gidan Colm wuta.

Wasu ƴan Irlanda suna ƙorafi. Suna cewa ɗan birni ne, ya mai da ƴan ƙauyensu wawaye masu zubar da jini. Wasu kuwa suna cewa ya nuna yadda kaɗaici da gaba ke cin ƙaramin gari.

Ku duba dai: tsakanin Colm da Pádraic babu gona, babu rijiya, babu ɓarnar dabba. Taurin kai kawai ne, kuma ba su samu dattijon da zai zaunar da su ba. In maƙwabta biyu sun daina gaisawa a garinku, ku kai maganar gaban manya tun da wuri. Tun ran gini ran zane.