Wuni Guda a Damargu, Daga Gona Zuwa Gidan Maginiya

Wanda ya bi hanyar Damagaram zuwa Agadas da rani ba ya ganin komai a Damargu sai jar ƙasa da ƙaya da iska mai ƙura. Mota za ta wuce matatar man fetur da aka buɗe a 2011, ta wuce Bakin Birji da Sabon Kafi, ta isa Tanut bayan tafiyar kusan kilomita 150, fasinja ya sauka da yaƙinin cewa ƙasar nan ba ta da abin kallo. Da zai dawo a watan Satumba, da ya sake magana. Damina a nan gajera ce, ruwan shekara ba kasafai yake wuce milimita 300 ba, don haka duk wani tsiro sai ya yi gaggawa: ya fito, ya yi fure, ya zuba iri cikin makonni kaɗan. Abin da kudu take shimfiɗawa cikin wata biyar ko shida, Damargu takan tara shi wuri ɗaya, har ido ya rasa inda zai tsaya.

Ƙasar ta daɗe da sunan rumbu. Geron Damargu ne ayarin Abzinawa suke ɗauka su kai duwatsun Ayar, su kai Bilma da Fachi su musanya da gishiri da dabino. A watan Janairun 1851 matafiyin nan Bajamushe, Heinrich Barth, wanda ya laƙaba wa kansa suna Abdulkarim, ya fito daga hamada ya faɗo cikin gonakin nan, kuma a garin Tagelel ne ya rabu da ɗaya daga cikin abokan tafiyarsa, kowa ya kama hanyarsa. Bayan samun mulkin kai, dokar 1961 ta shata iyakar noma ta arewa, ta bar abin da ke gaba da ita ga makiyaya. Damargu tana bakin wannan iyaka. Hausawa da Dagirawa da Buzaye da Fulani suna zaune a kanta kafaɗa da kafaɗa, kowa idonsa na sama daga watan Yuni.

Ƙauyen da nake so mai karatu ya gani yana yamma da Tanut, ta wajen Belbeji, garin da ya zama gunduma mai cin gashin kanta a 2011, can inda kwarin Tarka yake fara kwantawa. Ba a shiga gonakin mutane kai tsaye. Sai an fara da ƙofar mai gari, an gaisa, an sha ruwa, an faɗi abin da ya kawo mutum. In baƙo ya ce fure ya zo kallo, za a yi shiru kaɗan, domin ba wanda ya saba fita kallon fure a nan. Amma da zarar an haɗa shi da dattijon da zai yi masa jagora, zai gane cewa mutanen da ba su fita kallon fure sun fi shi sanin fure nesa ba kusa ba. Su karanta shi suke yi. Kowane fure labari yake ba su game da abin da zai shiga rumbu da abin da ba zai shiga ba.

Da hantsi ya kamata a fita, kafin rana ta sa furanni su rufe. Tun daga bayan gari tsaidau ya shimfiɗu a ƙasa da ƙananan furanninsa rawaya, shi da zai zama ƙaya mai hana tafiya ba takalmi nan da wata guda. Gasaya ta ɗaga fararen furanni a kan juji da tsohon makwancin shanu, mata suna tsinkar ganyenta don kwaɗo. Tafasa ta cika gefen hanya, guna tana yaɗo a kan yashi, riɗi da yakuwa suna tsaye a bakin gonakin mata. A ƙarƙashin gero wake ya fara fure, kuma jagora zai duƙa ya ɗaga ganye ya duba ko furen yana kamawa ko zubewa yake. Geron kansa, in ya yi bununi, shi ne furen da ya fi kowane muhimmanci a Damargu, ko da yake baƙo ba zai lura da shi ba in ba a nuna masa ba. A wannan gaɓar ake jin manoma suna cewa ruwa ɗaya ya rage. In ya sauka, zangarniya ta cika ido. In ya ɗauke, wahalar wata uku ta tafi a ƙaiƙayi.

Furen da ya fi ɗaukar idon baƙo shi ne wanda manomi ya fi ƙi. Ƙuduji ne, wanda wasu suke kira wuta-wuta. Za ka ga gona ta yi shar da ja mai ruwan hoda, sai ka ce lambu ne aka shuka da gangan, geron da ke tsakiya kuwa ya tsumbure, ganyensa ya yi rawaya. Dattijon zai sa hannu ya tumɓuke guda ya karkaɗe yashin, ya nuna yadda saiwarsa ta manne da ta gero tana tsotsa. Ɓarnar takan fara tun yana ƙarƙashin ƙasa, kafin kowa ya gan shi. Tsiro ɗaya yana zuba iri dubbai barkatai, ƙanana har ido bai cika ganinsu ba, kuma suna iya kwanciya fiye da shekara 10 suna jiran gero. "Ɗana, in ka ga wannan ya yi yawa, gona ce take kuka, taki take so," in ji shi. Ba ya jefar da wanda ya tumɓuke cikin gona. Yakan riƙe shi har gida ya sa a wuta.

Itatuwa kuwa kowanne da lokacinsa. Dakwara tana fure da damina, ƙaronta sai sanyi ya shigo. Bagaruwa tana rataye da dunƙulallun furanni rawaya a wuraren da ruwa yake kwanciya, majema suna jiran ƴaƴanta. Magarya furenta ƙanana ne, amma kukan zuma a kanta ya isa ya sanar da kai. Gawo shi kaɗai ne tsirara a tsakiyar kore, domin sai kowa ya bushe sannan yake fitar da ganye da fure, gero ya samu rana da damina, dabbobi su samu inuwa da abinci da rani. Tumfafiya, da furenta mai fari da shuni, inda ta yi yawa alama ce ƙasa ta gaji.

A gaban anza ne muryar jagora take sauyawa. Itace ne gajere mai kauri, kore shar ko da rani, wanda baƙo zai wuce bai waiwaya ba. Duk wanda ya ga farin 1973 da na 1984, ko yunwar 2005 da ta biyo bayan fara da ƙarancin ruwa, ya san abin da Damargu take bin wannan itace. Ƴaƴanta ɗaci gare su da ba a iya ci haka nan. Sai an jiƙa su kwana da kwanaki ana zubar da ruwa ana sake wani, sannan a dafa. Gidaje da yawa da ita suka kai ga wata damina, kuma har yau akwai masu jin kunyar a ce sun ci anza, abin da yake ba ni takaici ƙwarai, domin itacen da ya riƙe rayuka godiya ya cancanta. Tun ƙarshen shekarun 1980 wata ƙungiya mai suna Eden take da fili a Dalli, kudu da Tanut, tana gwada shuka irin itatuwan daji masu ba da abinci kai tsaye cikin gonaki, ba tare da ban ruwa ba.

Da rana ta take sai a gangara tafki. A tafkunan da suke jimawa da ruwa bado yana buɗe fararen furanni, duman kada ya bi gaɓa da nasa masu ruwan shuni, yara suna kutsawa neman tushen bado. Ruwa ya fara ja da baya, ya bar baƙin laka yana tsattsagewa. A nan ne rabin wunin na biyu yake farawa, domin wurin da ya ba da bado shi ne yake ba da yumɓu. Ginin tukwane aikin rani ne. Da damina kowa yana gona, tukunya ba ta bushewa, makamashi jiƙe yake. Sai ruwa ya fara ɗaukewa ake ganin maginiya ta nufi tafki da jaki da ƴar fartanya, ta nufi gurbin da uwarta ta nuna mata. Ɗan lokacin da fure bai ƙare ba kuma yumɓu ya fara fitowa bai wuce ƙarshen Satumba zuwa tsakiyar Oktoba ba.

Maginiyar ƙauyen tsohuwa ce, tana aiki a inuwar bayan ɗakinta. Yumɓun da ta jiƙa tun jiya ta haɗa shi da dakakken tsingaro da ɗan ƙaiƙayi, don kada ya tsage a wuta, ta tattake shi da dunduniya har ya daina manne wa ƙafa. Ta kife wata tsohuwar tukunya, ta barbaɗa mata toka, ta ɗora faifan yumɓu a kai tana bubbugawa da dunƙulen gasasshen yumɓu, tana zagayawa, har gindin sabuwar randa ya ɗauki siffar tsohuwa. In ya ɗan sha iska sai ta ɗaga shi ta juyar, ta riƙa murza yumɓu tana ɗorawa zobe bisa zobe, hannun hagu a ciki yana tarewa, na dama a waje yana shafewa da sakaina. Ba ta da ma'auni. Kaurin bangon da yatsu take jinsa. Bakin randar kuwa da jiƙaƙƙen tsumma take fitar da shi, ta kama gefe ta zagaya sau ɗaya ba tare da ta tsaya ba.

Jikarta tana gefe da nata ɗan kaskon da ya karkace. "Kishiya, kin cika ruwa. Yumɓu ba kunu ba ne," in ji tsohuwar, ta miƙa hannu ta gyara mata gefe ɗaya ta bar mata ɗayan. Yarinyar ta ce, "Kaka, naki ma haka ya fara?" Ta ce haka ya fara, ta ci gaba da aikinta. Gobe ko jibi za ta shafa wa randar jar ƙasa, ta goge ta da santsin dutse har ta yi sheƙi. Gashi kuwa sai an yi girbi kara ya samu, a jera tukwane a bayan gari a lulluɓe su da kara da busasshen kashin shanu a cinna wuta da maraice. Ba duka suke fita lafiya ba. Mai saye yakan ƙwanƙwasa da ɗan yatsa, in ƙarar ta fito tas an gasu, in ta dushe akwai tsaga a ɓoye.

Sana'ar tana ja da baya, kuma tsohuwar ba ta ɓoye wannan. Tulu ya sha kaye a hannun jarka, domin rijiyoyin Damargu zurfi gare su da nisa, jarka kuwa ko ta faɗo daga kan jaki ba ta fashewa. Tukunyar dalma ta kori ta ƙasa daga murhu a gidaje da yawa. Ba na ganin laifin macen da ta zaɓi abin da zai rage mata wahala. Amma randa ta ƙi fita daga gida, saboda ruwan da yake tsattsafowa ta jikinta iska tana busar da shi, ta tafi da zafin, na ciki ya yi sanyi, abin da roba ba za ta taɓa yi ba. Da wannan hikima ce Muhammad Bah Abba na jihar Jigawa ya yaɗa dabarar sa tukunya cikin tukunya da jiƙaƙƙen yashi a tsakani don adana kayan lambu, har ya samu lambar yabo ta Rolex a 2000. Tanda ma tana nan wurin masu masa, kaskon turare yana nan cikin kayan amarya. Sunan da ya fita wajen ginin tukwane a jihar Damagaram na Miriya ne, mai tuluna masu zanen fari da ja. Tukwanen ƙauyukan Damargu ba su da wannan ado, an gina su ne don aiki, kuma kyansu yana cikin daidaiton bakinsu da zaman gindinsu.

A Japan irin wannan wuni sana'a ce sukutum. Mutane sukan fita daga Tokiyo da bazara su kalli furanni, su biya ta garin Mashiko su sayi kwanonin ƙasa a hannun maginan da suka yi su. Maginin da ya ɗaukaka sunan garin, Hamada Shoji, gwamnati ta sa shi a 1955 cikin mutanen da take ɗauka a matsayin dukiyar ƙasa tun suna raye. A Najeriya ma hoton Ladi Kwali yana kan takardar naira 20. Ba ina cewa a jira baƙi daga Turai ko Asiya su cika Tanut ba. Waɗanda suka fi bukatar wannan fita su ne ƴaƴan Damargu da kansu, ɗaliban Tanut da Belbeji da Gangara da Olelewa, waɗanda da yawansu sun san sunan fure da Faransanci a littafi amma ba su iya bambanta dakwara da bagaruwa ba. Makarantun Nijar a watan Oktoba suke komawa, daidai lokacin da abin gani yake nan. Malami ɗaya da amincewar mai gari sun isa. Sharaɗin da ba zan sassauta a kai ba shi ne a biya dattijon da ya bar gonarsa ya yi jagora, a kuma sayi kayan maginiya a kan kuɗin da ta faɗa, domin ilminsu ne ake zuwa ɗauka.

Wanda bai samu zuwa a Oktoba ba, ya zo a Nuwamba ko Disamba. Lokacin an ɗaure dammunan gero, an saki gonaki, garken Fulani da raƙuman Buzaye da suka dawo daga arewa suna kiwo cikin kara. Ciyawa ta bushe, karangiya ta kama bakin wando, amma anza da gawo suna cikin fure, kuma a lokacin ne ake gasa tukwanen farko a kai su kasuwa.