Akuya Ba Ta Rabuwa Biyu: Yadda Ake Lissafin Rabo Kafin a Tafi Kasuwa

'Yan uwana mata, wannan tsarin asusu da muke bi ya samo asali ne daga Maraɗi a shekarar 1991, da sunan Mata Masu Dubara. Ƙa'idarsa ɗaya ce: kowa ta samu gwargwadon hannun da ta zuba. Idan kuɗi ake rabawa, ba matsala. Amma in awaki ne ko buhun taki fa? Nan ne rigima take tashi.

Bayan an sake buɗe kara ta Birnin Gwari a ƙarshen 2024, mu uku a ƙungiyarmu muka haɗa kuɗin rabonmu don sayen awaki. Shugabarmu tana da hannu 20, ma'ajinmu 12, ni kuma 8. Muka aika aka sayo awaki 14 ba tare da lissafi ba. Da aka zo rabo, sai guda huɗu suka tsaya a tsakiya, kowa na cewa tana da haƙƙi a ciki. Wallahi sati biyu gaisuwa kawai muke yi. Ga abin da ya kamata mu yi tun farko.

Mataki na 1: Rage hannayen. Ki nemi lamba mafi girma da za ta raba dukkansu ba saura. A nan 4 ce. Sai 20 ta koma 5, 12 ta koma 3, 8 ta koma 2.

Mataki na 2: Haɗa su. 5 da 3 da 2 sun zama 10. Wannan shi ne zagaye ɗaya. Ma'ana, duk awaki 10, shugaba ta ɗauki 5, ma'aji 3, ni 2. Saboda haka abin da zai rabu daidai shi ne 10, 20, 30, haka dai.

Mataki na 3: Duba sharaɗi. A ce mun yarda kada wadda ta koma gida da ƙasa da awaki 3. Kullum ki fara da mai ƙaramin hannu, domin in ta tsallake, kowa ta tsallake. Zagaye ɗaya ya ba ni 2, bai kai ba. Zagaye biyu ya ba ni 4, ya wuce. To, mafi ƙarancin abin da za mu saya shi ne awaki 20: shugaba 10, ma'aji 6, ni 4.

Wata za ta ce, "Yaya, me zai hana a sayi 15? Ai za ki samu ukunki cif." Gaskiya ne, ni zan samu 3. Amma ma'aji za ta tashi da huɗu da rabi, shugaba bakwai da rabi. Wa zai kiwata rabin akuya? Dole lissafin ya cika wa kowa.

In kuɗin bai kai na 20 ba, akwai mafita biyu. Ko ku sassauta sharaɗin, ku sayi 10, ragowar kuɗin ku raba bisa 5, 3, 2. Ko kuma ku sayi abin da ake aunawa, kamar masara, wadda tiya za ta raba ta yadda kuke so. Kuma tunda awaki ba girmansu ɗaya ba, ku yarda da yadda za a zaɓa tun kafin su iso.

Wadda ba ta iya rubutu ba, ta ɗebi tsakuwa ta jera tsibi uku a gaban kowa, ana ƙirgawa da ƙarfi.

Aikin zama na gaba: mata biyu, ɗaya hannu 6, ɗaya 9, za su sayi kaji. Kada wadda ta samu ƙasa da 7. Kaji nawa ne mafi ƙaranci? Kowace ta zo da tsakuwarta mu gani.