Matar da ke Bayan Kyamara

'Yan'uwana mata, in kuna kallon fim, 'yan wasa kaɗai kuke gani. Amma fa akwai mai ɗaukar hoton, wanda ke zaɓen inda haske zai sauka da inda duhu zai zauna. Sana'ar Rachel Morrison ke nan, wata Ba'amurkiya. Da ta gama jami'a, da shirye-shiryen talabijin ta fara cin abinci. A 2018 aikinta a fim ɗin Mudbound ya kai ta takarar lambar Oscar ta ɗaukar hoto. Ku ji fa, biki na 90 ke nan, ba macen da ta taɓa shiga wannan takara sai ita! Ba ta samu ba, Roger Deakins aka ba. A shekarar kuma aka fitar da Black Panther, shi ma ita ta ɗauka.