Binciken da Ya Tsaya a Zaure

A 1943 kamfanin MGM na Amurka ya fitar da fim ɗin Madame Curie, labarin Marie da mijinta Pierre, waɗanda suka gano sinadarin radiyom a Faris a 1898. Abin da ya fi zama a ran mai kallo shi ne rumfar aikinsu mai yoyo. Shekara huɗu suna dafa dutsen ma'adini, tan bayan tan, kafin a 1902 su tace abin da bai wuce kashi ɗaya cikin goma na giram ba. Da aka zo batun kyautar Nobel ta 1903, an so a tsallake Marie, sai da Pierre ya rubuta wasiƙa ya ce aikin nasu ne su biyu.

An yi irin waɗannan ma'aurata a ƙasar Hausa, sai dai su rayuwar mutane suka bincika. A 1949 M. G. Smith, mutumin Jamaika, ya sauka lardin Zariya tare da matarsa Mary. Yakan zauna da dagatai da magidanta yana tambayar haraji da gandu da amfanin gona, amma iyakarsa zaure, domin namiji baƙo ba ya shiga gidan matan aure. Mary ce ta samu shiga. A Giwa ta shaƙu da wata tsohuwa, Baba, wadda ta tashi a Karo cikin ƙasar Kano, ta riƙa rubuta labarinta daga bakinta: aure da kishi, ƙawance, bori, harin masu kama bayi, zuwan Turawa. Littafin Baba of Karo ya fito a 1954, kuma har yau da wuya a yi nazarin matan Hausawa ba a koma gare shi ba.

Wannan darasi, na cewa binciken da ya tsaya a zaure ba ya jin ta bakin mata, ya fi shafar karkarar arewacin Kano, wajejen Minjibir da Gezawa da Ɗambatta, inda gona ke manne da gona, babu saura ballantana daji. Tun shekarun 1960 wani mai bincike, Michael Mortimore, ya yi ta tambayar yadda ƙasar da ake nomawa kowace damina ba hutu take ci gaba da ciyar da jama'a mai yawa haka. A shekarun 1990 wata mai bincike, Frances Harris, ta zauna da manoman ƙauyen Tumbau tana auna abin da ke shiga gona da abin da ke fita. Amsar ta fito fili. Ana shuka wake da gyaɗa tsakanin gero da dawa, su ƙara wa ƙasa ƙarfi. Da kaka a ɗaure harawa a jibge ta bisa rufin soro ko a reshen bishiya, awaki da tumaki su ci a turke. Kafin ruwa ya sauka, a loda takinsu a mangala, jaki ya kai gona, a zuba shi tsibi-tsibi. Har ƙurar hunturu tana da nata gudummawar.

To, awakin nan na wa ne? Galibi na mata ne, da kuɗin ƙuli-ƙuli da man gyaɗa da adashi suka saye su. Matar gida ce ke share turke, ita ta san akuyar da ta rame, ita ta san waken da ke saurin nuna a tukunya da wanda ƙwari ke cinyewa a ajiya. Duk da haka, idan malamin gona ya zo da sabon iri, a ƙofar gida yake tsayawa da maigida, ya cika takardarsa ya hau babur.

Ina ganin wannan babbar asara ce. Cibiyar IITA tana da gonar gwaji a Minjibir, hukumar KNARDA tana da malamai a ƙauyuka, jami'ar Bayero kuma tana yaye 'yan mata masu digirin aikin gona. Duk tawagar da za a tura ƙauye ya kamata a sa mace a ciki, wadda za ta yi sallama ta wuce tsakar gida, ta zauna a tabarma ta tambayi uwargida wane irin wake ta ajiye don shukar baɗi, da dalilin da ya sa ta zaɓe shi.