Katangar Boston da Jingar Haɗejiya

A watan Yunin 2013 kamfanin Naughty Dog na Amurka ya fitar da wasan bidiyo mai suna The Last of Us a kan na'urar PlayStation 3. A daminar da ta gabaci wannan, ta 2012, ruwa ya ci gonaki da gidaje a sassa da yawa na Nijeriya, har da fadamar Kogin Haɗejiya, ya kuma sake dawowa da ƙarfi a 2018 da 2020 da 2022. Wasan nishaɗi ne da ake saye da kuɗi, ambaliyar kuwa asara ce ta rayuka da dukiya, don haka ba wanda zai ce nauyinsu ɗaya. Sai dai tambaya guda suke yi wa ɗan Adam: in hanya ta yanke, abinci ya yi wuya, abin da ka dogara da shi ya rushe, wane irin mutum za ka koma? Amsa ɗaya marubuci ne, Neil Druckmann, ya zauna ya tsara ta. Ɗayar kuwa mutanen Auyo da Kafin Hausa da Guri da Kirikasamma ne ke ba da ita, ƙafafunsu cikin ruwa.

Ga labarin a taƙaice, saboda wanda saninsa da shagon gem bai wuce wasan ƙwallo ba. Wata irin funfuna mai suna Cordyceps, wadda a zahiri ƙwari take kamawa, musamman tururuwa, ta rikiɗe ta koma kama mutane. Tana shiga ƙwaƙwalwa ta mai da mutum mahaukaci mai cizon 'yan uwansa. In ta daɗe a jikinsa sai ta tsiro daga kansa ta rufe masa fuska, ya makance, ya riƙa farauta da kunne. A daren da annobar ta ɓarke a Texas, Joel ya saɓi 'yarsa Sarah yana gudu, soja ya buɗe musu wuta, ta cika a hannunsa. Bayan shekara 20 sai ga shi a Boston, ɗan fasa-ƙwauri mai busasshiyar zuciya, aka ɗora masa amanar da bai nema ba: Ellie, yarinya 'yar shekara 14 da aka ciza amma cutar ta kasa cin ta. Aikinsa shi ne ya miƙa ta ga 'yan tawayen Fireflies, masu fatan samo rigakafi daga jikinta. Rakiyar da aka zaci ta dare ɗaya ce ta cinye kusan shekara, daga gabashin Amurka har Salt Lake City.

Masifar wasan sau ɗaya ta zo, ta tsaga zamani gida biyu, kuma ba ta kawo wa kowa alheri ba. Masifar fadama kuwa tana da lokacinta. Kowa ya san in Agusta ya raba, Satumba ya kunno kai, ido yana kan kogi. Kuma ruwan da ke rusa ɗaki shi ne arzikin ƙasar: shi ke kawo kifin da ya sa kasuwar kifi ta Haɗejiya ta yi suna, shi ke shayar da shinkafa, shi ke barin laimar da ake bi a shuka wake in ya janye, shi ke fito da ciyawar da Fulani ke kawo shanu dominta da rani. Ba mai roƙon Allah ya dawo da Cordyceps. Masunci a Guri kuwa yana roƙon ruwa ya zo, sai dai ya zo da sauƙi.

A wasan, ba hannun mutum ne ya ƙirƙiri cutar ba. Laifinsa ya fara ne daga yadda ya tarbe ta. A fadama akwai hannun mutum tun daga tushe. An kammala madatsar ruwa ta Tiga a kan Kogin Kano a 1974, aka kammala ta Challawa a 1992, kuma waɗannan biyun ne ke riƙe da mafi yawan ruwan da ke gangarowa Haɗejiya. A da kogin yakan cika da damina ya ƙafe da rani, ƙafewar nan kuma ita ke kashe ciyawar ruwa. Da aka koma sakin ruwa duk shekara saboda noman rani da ruwan shan Kano, sai kachala ta sami wurin zama. Ta tsiro ta yi duhu, ta tare laka, ta toshe hanyoyin ruwa. Ruwa ya bar tsohuwar hanyarsa ya karkata ta mashigar Marma zuwa Nguru, ya kwanta a gonakin wasu shekara da shekaru, wasu kuma da ke can ƙasa suka rasa shi. Tsuntsun jan-baki ya mai da kachalar sheƙa, daga nan yake faɗa wa shinkafa da gero. To ga abu mai rai a nan, ga abu mai rai a can, kowanne na yaɗuwa ba tare da ƙara ba. Na wasan jikin mutum yake ƙwacewa cikin kwana biyu, mai wasa ya gan shi ya harbe shi. Na fadama hanyar kogi yake ƙwacewa cikin shekaru, kuma bindiga ba ta yi masa komai.

Akwai katanga a ɓangarorin biyu. Ta Boston ta siminti ce da waya, sojojin hukumar FEDRA ke gadinta. A cikinta ana cin abinci da katin rabo, ana dokar hana fita, wanda na'ura ta nuna ya kamu kuma a nan take ake gamawa da shi. Katangar tana tsare mutane daga cuta, tana kuma tsare su a hannun masu bindiga. Haɗejiya ma ta san ganuwa. A cikin birninta Sarki Muhammadu ya tsaya ya yaƙi sojojin Turawa a watan Afrilun 1906 har aka kashe shi. Amma katangar da ta fi damun mutumin Haɗejiya a yau ita ce jinga, tudun ƙasa da buhunan yashi da ake jerawa tsakanin gari da kogi. Ba soja a kanta. Masu gadinta su ne masu ginin ta.

Hukuma a wasan ta matso kusa har ta shaƙe mutane. Hukuma a fadama kukan da aka fi yi da ita shi ne nisa da jinkiri. Hukumomin hasashen yanayi da na ruwa sukan yi gargaɗi tun farkon shekara, hukumar agajin gaggawa ta NEMA da takwararta ta jiha sukan zo da shinkafa da tabarmi da gidan sauro, gwamnatin Jigawa ta kuma sayo injinan yashe kogi masu tafiya a kan ruwa. Duk wannan gaskiya ne, kuma ba a raina shi. Amma a daren da ruwa ya taɓa bakin jinga, wanda ke kusa shi ne mai unguwa da dagaci da liman, sai hakimi, har zuwa fadar Sarkin Haɗejiya, Alhaji Adamu Abubakar Maje. Irin wannan tsani na tsakiya kusan babu shi a duniyar Joel. Da gwamnati ta faɗi, sai mutum ya tarar ba komai tsakaninsa da daji.

A kan halin jama'a ne ratar ta fi faɗi. Wasan ya ɗauka cewa yunwa na mai da mutum kura. A Pittsburgh wasu gungu ne ke yin kamar sun ji ciwo a kan titi, in matafiyi ya tsaya taimako su kashe shi su kwashe takalmansa. A cikin hunturu Ellie ta faɗa hannun David, wanda jama'arsa ke cin naman mutane. Wani mai suna Bill ya kewaye gari guda da tarkuna ya zauna shi kaɗai. Mai wasa yakan gane da wuri cewa masu lafiya sun fi masu cutar haɗari. Wuri ɗaya tak aka bar wa fata: Jackson, inda Tommy ƙanen Joel da matarsa Maria suka tara iyalai suna gyara madatsar ruwa don samun lantarki. (Abin lura ne cewa madatsa a can alamar tsira ce, a nan kuwa sunan Tiga ake fara kira in ruwa ya zo.)

Abin da aka gani a Haɗejiya a 2020 da 2022 ya saɓa wa wannan zato. Samari sun kwana a bakin jinga, wasu na cika buhu, wasu na ɗauka, wasu na haska fitila suna neman inda ruwa ke tsattsafowa. Mai kuɗi ya sayi buhuna, mai mota ya kawo ƙasa, mata suka dafa abinci suka aika. Waɗanda ƙauyukansu suka nutse sun sauka a azuzuwan firamare da gidajen dangi, aka matsa aka ba su wuri. Ambaliyar 2022 ta kashe sama da mutum 600 a faɗin Nijeriya, ta raba fiye da miliyan ɗaya da muhallinsu, Jigawa kuma na cikin jihohin da suka fi jin jiki; duk da haka ba a ji an kafa gungun masu tare 'yan gudun ruwa a hanya ana kashewa ba. Wannan ba ya nufin kowa waliyyi ne. Kuɗin fito a kwale-kwale yakan ninka, a cika shi ya wuce kima har ya kife da mutane. Kwanon hatsi yakan tashi. Akan yi gunaguni kan yadda aka raba kayan agaji. In ruwa ya cinye burtali da makiyaya, shanu su matso gonakin da suka rage, rikicin manoma da makiyaya da aka sani a yankin Guri da Kirikasamma yakan tashi, wani lokaci har da asarar rai.

Adalci ya sa a faɗi abin da ke kare marubucin wasan. Duniyarsa ta yi shekara 20 a rushe, kuma ba wani waje da ya rage da za a sa ran taimako daga gare shi. Mutumin Auyo kuwa yana da Kano da Dutse, yana da ɗan'uwa a Legas da zai turo masa kuɗi ta waya, ya kuma san kafin sanyi ya shigo ruwa zai janye. Sannan masifun biyu ba abu ɗaya suke nema daga mutum ba. Cutar da ke yaɗuwa ta cizo takan sa kusanci ya zama ajali: a wasan, wani matafiyi mai suna Henry da hannunsa ya harbe ƙanensa Sam da ya kamu, sannan ya harbe kansa. Ruwa kuwa dole yake sa a haɗu, domin mutum ɗaya ba ya yin jinga. Ko amai da gudawa, da kan biyo bayan ambaliya in rijiyoyi da masai sun cakuɗe, ba ta mai da majinyaci abokin gaba. Ɗaukarsa ake yi a kai shi asibiti.

Game da dabarar rayuwa ba sai an daɗe ba. Joel tsintau yake yi a kangon duniyar da ta mutu: tsumma, almakashi, barasa, harsashi biyu a aljihun tebur. Ellie ba ta iya iyo ba, duk inda suka tarar da ruwa sai ya nemo katako ya tura ta a kai. Yaron fadama tun yana ƙarami ya ga masunta na kifa ciki a kan gora suna bin ruwa. Joel yana cin ragowar abin da wasu suka ƙera, mutumin fadama yana cin abin da ya gada na sanin ƙasa.

Ƙarshen wasan ne ya sa ake ta muhawara a kansa har yau, har ya haifi kashi na biyu a 2020 da shirin talabijin na HBO a 2023. A asibitin Salt Lake City aka shaida wa Joel cewa ba za a iya ciro abin da ake nema daga ƙwaƙwalwar Ellie ba sai ta mutu. Ya ɗauki bindiga ya bi ta kan masu gadi, ya kashe likitan da zai yi aikin, ya kashe Marlene shugabar Fireflies, ya fita da yarinyar a sume. Da ta farka ya yi mata ƙarya, daga baya har ya rantse mata. Mai wasa ba a ba shi zaɓi ba, da yatsunsa ake sa shi aikatawa. Uban da aka kashe wa 'ya ya ƙi a sake yi masa haka, ko da duniya ce za ta biya.

Mai karatu zai iya cewa wannan ba shi da makamanci a fadama, inda hannu da yawa ke aiki tare. Amma jinga ba ta shanye ruwa, juya shi kawai take yi. Ruwan da aka hana shiga wannan gari sai ya nemi wani wuri mai kwari, kuma a wurin nan akwai gonar wani ko ɗakin wani. Haka madatsa: in ta cika, mai kula da ita ko dai ya saki ruwa ya sauka kan na ƙasa, ko ya riƙe ya jefa ginin da duk wanda ke bayansa cikin haɗari. Saurayin da ya kwana yana ɗora buhu don kare unguwarsu jarumi ne, ba mai musu. Shi ma nasa ya zaɓa.

A ganina wasan ya yi kuskure game da taro, ya yi daidai game da mutum ɗaya. Zaton cewa jama'a na watsewa da zarar hukuma ta kau zato ne da ya fito daga al'ummar da ba ta da mai unguwa, kuma bakin jingar Haɗejiya ya ƙaryata shi fiye da sau ɗaya. Amma son nawa fiye da na kowa, wanda Druckmann ya tattara a ƙirjin Joel, yana nan a fadama, ya dai bazu ne a tsakanin garuruwa: Kano da ke son ruwan noman rani, Haɗejiya da ke son ruwa ya wuce ta, Nguru da ya kwanta mata, da sauran garuruwan Yobe da ke jiransa a Kogin Komadugu kafin ya kai Tafkin Chadi. Joel ya yanke nasa hukuncin a dare guda. Na kogin yana hannun Hukumar Raya Kogunan Haɗejiya da Jama'are da gwamnatocin jihohin da ke gaɓarsa, kuma ya ƙunshi abubuwan da ba wanda zai yi wasan bidiyo a kansu: yaushe za a buɗe Tiga da Challawa, ruwa nawa za a saki, wa za a sanar kafin a saki, da wanda zai biya kuɗin cire kachala daga Marma kafin damina ta gaba.