Burodin Kirfa Na Gida: Abin Da Alkamar Ƙasarmu Za Ta Iya

Duk wanda ya ratsa garin Wudil da sassafe, a kan hanyar da ta taso daga Kano zuwa Maiduguri, zai ga teburan masu shayi cike da burodi, ɗalibai da ma'aikata da fatake kuwa kowa na jiran a yanka masa. Burodi ya zama abincin safe a birni da ƙauye, amma galibin alkamar da ake yinsa da ita daga ƙasashen waje take zuwa. Saboda haka ne idan kasuwar duniya ta motsa, sai mai shayin Wudil ya ji a jikinsa, kamar yadda aka gani a shekarar 2022 da yaƙin Rasha da Yukiren ya ɓarke, da kuma 2023 da darajar naira ta faɗi.

Alkama ba baƙuwa ba ce a ƙasar Kano. Tun kaka da kakanni ake yin alkaki da funkaso da ita, ga kuma gurasar unguwar Jakara da ake gasawa a tanderu. Bayan da aka gama madatsar ruwa ta Tiga a 1974, zamanin Gwamna Audu Baƙo, noman alkama na rani ya bunƙasa a Kadawa da kewaye, ana shukawa cikin Nuwamba, a girbe wajen Maris. A 1987 Gwamnatin Tarayya ta hana shigo da alkama domin a dogara da ta gida, amma aka janye dokar a 1992, don abin da aka noma bai wadaci masana'antun fulawa ba. To, abin da bai ishi masana'anta ba yana iya isar ɗakin girki, kuma burodin kirfa misali ne mai kyau.

Shi wannan burodi naɗaɗɗe ne, ana shafa masa man shanu da sukari da garin kirfa a ciki kafin a gasa. Ya yi suna a Amurka da arewacin Turai, har mutanen Suwidin sun keɓe masa ranar 4 ga Oktoba tun daga 1999. Kirfa kuwa ɓawon itace ne, mafi daraja daga tsibirin Siri Lanka yake fitowa, kuma masu kayan ƙamshi na Kasuwar Kurmi sun daɗe da saninsa. In ban da kirfa da yis, duk sauran kayan haɗin ana samunsu a ƙasar nan: man shanu da madara daga matan Fulani, ƙwai daga akurki, mazarƙwaila kuma ta tsaya a madadin jan sukarin da Turawa ke sawa.

Ga yadda ake haɗawa. A auni garin alkama rabin kilo, da madara mai ɗumi kofi 1, da yis ƙaramin cokali 2, da sukari babban cokali 4, da ƙwai 1, da man shanu babban cokali 4, da gishiri ƙaramin cokali 1. Idan alkamar gida aka kai niƙa, wajibi ne a tankaɗe ta sau biyu da rariya mai laushi, domin dusa tana tsinka danƙon ƙullu, ta sa burodi ya yi nauyi. Mai koyo yana iya gauraya rabin garin gida da rabin fulawar kanti, sa'an nan ya riƙa rage fulawar a hankali yayin da hannunsa ke faɗawa.

Da farko a jiƙa yis cikin madarar tare da sukari kaɗan, a bar shi minti 10 har ya yi kumfa. Ɗumin madarar kada ya wuce wanda yatsa zai jure ba tare da ƙuna ba, gama yis abu ne mai rai, zafi mai yawa yana kashe shi. Sai a zuba sauran kayan a kwaɓa, a yi ta murzawa minti 10 zuwa 15, har ƙullun ya yi santsi, in an ja shi ya miƙe bai tsinke ba. Nan ne asirin laushi yake. Murzar ita ke haɗa danƙon alkama, danƙon kuma shi ke riƙe iskar da yis ke fitarwa. Kuskuren da masu koyo suka fi yi shi ne ƙara gari da zarar ƙullu ya kama hannu. Abin da ya fi shi ne a shafa ɗan mai a tafi a ci gaba da murza.

Daga nan a rufe ƙullun da kyalle mai tsabta, a ajiye har ya ninka girmansa. A lokacin bazara awa 1 ta isa, amma da hunturu, musamman a garin bakin kogi irin Wudil, yakan kai awa 2. Ba agogo ake bi ba, ƙullun ake duba.

Idan ya tashi, a shimfiɗa shi a faifai ko tebur da muciya ko kwalba mai tsabta, kaurinsa kamar rabin yatsa. A shafe shi da man shanu babban cokali 3, a barbaɗa dakakkiyar mazarƙwaila rabin kofi haɗe da garin kirfa babban cokali 1. Dalilin da ya sa ba a kwaɓa kirfa cikin ƙullu tun farko shi ne tana rage wa yis ƙarfi. Sai a naɗe kamar tabarma, a yanka gida 12 da zare, domin wuƙa tana danne naɗin. A jera a farantin da aka shafa wa mai, a sake rufewa minti 30 zuwa 40.

Mai murhun gashi na zamani sai ya gasa a zafin digiri 180 na ma'aunin Santigireti, minti 20 zuwa 25. Wanda ba shi da shi kuwa, babbar tukunya ta isa. A zuba yashi mai tsabta a gindinta, a ɗora kan garwashi har ta yi zafi, a sa farantin bisa yashin, a rufe, a zuba garwashi kaɗan a kan murfi. Da zarar saman ya yi ja-ja-ja a sauke, gama burodin da ya daɗe a wuta yakan bushe. A shafa masa ɗan man shanu ko zuma tun yana da zafi.

Wudil gari ne na kasuwa da makarantu: ga kasuwar shanu ta ranar Juma'a, ga Jami'ar Kimiyya da Fasaha ta Aliko Ɗangote, ga Kwalejin Horas da 'Yan Sanda. Masu neman abin karyawa ba sa yankewa. Uwargida ko ɗalibin da ya ƙware a wannan gashi ya sami sana'ar da jarinta bai wuce kwanon alkama da tukunya ba, kuma kowane kwano da ya saya a hannun manomin rani kuɗi ne da ya tsaya a gida. Da ma Hausawa sun ce, guntun gatarinka ya fi sari ka ba ni.